Fiffiken Barau Maɗinki

Kakana ya ce daren da aka kafa majigi a Fagge,
farin ƙyalle aka ɗaure a bangon wani ɗakin gyaɗa,
inji na tari kamar tsohon da ya shaƙi barkono.
Mutanen cikin hoton ba su da murya,
baki na motsi, kunne na azumi.
Sai Cindo mai goro ya ɗau aikin da ba a sa shi ba,
yana ara musu harshe:
"Ya ce a gaida mutan gida, shi ya yi sama!"

Wani Bature mai gashin baki kamar ƙahon rago
ya ɗora fukafukai bakwai a kan keke,
ya taka, ya taka, ya taka,
abin ya yi rawa, ya durƙusa, ya rufta masa a ka.
Wani ya goya laima ya diro daga gada,
ruwa ya karɓe shi, hularsa kaɗai ta ci gaba da tafiya.
Dariya har da masu riƙe ciki,
wata tsohuwa kuwa salati take: "Ɗan wa aka kashe?"

Can mai inji ya yi kuskure, ya juya zaren baya.
Ruwa ya tofo mutumin, ya koma kan gada a bushe,
karyayyun itatuwa suka tashi suka nemi juna,
hula ta dawo kan mai ita.

Wannan ne ya shiga ran Barau maɗinki.
Kwana tara bai karɓi ɗinkin kowa ba.
Gora daga Kurmi, ragowar ƙyallayen sallar bara,
da zanen Tabawa matarsa, ba da saninta ba.
Ran Laraba da hantsi ya hau soro a Ƙofar Mata,
ya dubi shirwa ya ce, "Matsa."

Bai yi sama ba, bai kuma yi nisa ba.
Karofi ne ya buɗe baki.
Ya fito shuɗi daga gira har tafin ƙafa,
fiffike ɗaya a wuya, ɗaya a hannun yara,
yana tofar da baba yana waige:
"Ina mai injin? A juya mu baya!"

Mako uku kunnen Barau bai koma launinsa ba,
Tabawa kuwa sai da aka biya ta zane biyu.
Har ya tsufa, in jirgi ya gifta ta saman Dala,
yakan tsai da keken ɗinki, ya leƙa ta taga,
ya ce, "Irin nawa ne. Wutsiya kawai suka ƙara."