Kalangu a Agege

Shekara talatin da ɗaya ina matse kalangu a hammata
a mayankar Oko-Oba,
tun Barmo yana yaron wankin tumbi
har ya kai ga kayar da bijimi shida kafin hantsi.
Ni na yi masa take.
In ya ji, ko tsakar fiɗa yake,
sai ya ɗaga wuƙa sama, ya yi kururuwa, ƙudaje su watse.

Ran bikin 'yarsa na ɗame tsarkiya tun asuba,
na sa riga mai aiki.
A zauren na tarar da wani yaro, ko gemu bai tsiro ba,
kwamfuta a gabansa kamar faifan rufe tuwo,
lasifika biyu, kowace ta fi ni tsawo.
Yatsa ɗaya ya sa, rufin kwano ya ɗauki rawa.
Aka ba ni minti biyar, tsakanin addu'a da shinkafa.

Na kaɗa. Goshina ya jiƙe, yana jiran liƙi.
Wata Hajiya ta sunkuyo:
Baba, faɗi lambar asusunka.
To gumin nan fa, me zai riƙe?

Lahadi, filin dambe.
Da can ido ake zuba wa ɗan wasa,
yanzu hannuwa ne a sama, kowa da 'yar tagarsa.
Bahagon Mushin ya naɗe hannu, na zuga shi har ya fara tsuma,
sai mai kyamara ya ce a dakata,
wai sabis ya ɗauke, mutanen Jidda ba sa gani.
Muka tsaya, ni da shi, jini na hucewa.

Nafi'u, ɗan ƙanwata, shi ya ɗauke ni ban sani ba.
Daƙiƙa arba'in.
Ya ce mutum dubu ɗari biyu sun kalla.
Na ce ina suka zauna? Wa ya ba su ruwa?
Ya karanto mini wata daga zangon Kumasi,
ta ce kiɗan ubanta ke nan, mahauci ne, ya rasu bara,
ta saurara sau tara tana kuka.
Daren nan ban yi gardama da kowa ba.

Bayan wata biyu, a danfo, cunkoson Oshodi,
ruwa na dukan gilashi,
wayar kwandasta ta saki wata sabuwar waƙa.
Ƙarƙashin muryar yaron, ƙarƙashin gurnanin inji,
ga taken Barmo.
Har ɗan tuntuɓen da makaɗina ya yi a bugu na bakwai.
'Yan mata biyu a baya suna kaɗa kafaɗa.
Na taɓa kwandasta, na ce, wannan hannuna ne.
Ya dubi hannun. Ya ce kuɗin mota.

Damina a Ikko ba ta ƙaunar fata.
Kowace safiya nakan kara kalangu a garwashin mai tsire
har muryarsa ta dawo,
in tsaya inda na saba, kusa da kwata.

Jiya Barmo na tsakar fiɗa
takensa ya tashi daga aljihunsa.
Ni hannuna na kan ƙugu.
Na zuba ido in ga wuƙa ta yi sama.
Ya ajiye ta,
ya goge jini a gefen wando,
ya ce, halo, kilo nawa?