Fuska a Kan Zane

A shagona na Bilbis, jikin mai gyaran rediyo,
aka sauke turmi goma jiya da la'asar,
kowane kamu da fuskar mutum guda
yana murmushi, haƙora fari fat kamar bai san goro ba.
Na sa almakashi, na raba shi daga kunne zuwa haɓa.
Bai ce uffan ba.
Shi ya sa na fi son su a zane.

Malam Nomau, da ya koyar da falsafa a lise
har alli ya cinye masa murya,
yana kan bencina, yana jiran shayi na biyu.
Ya ce: Arzika, ka yarda da mutumin nan?
Na ce: ko kusa.
Ya ce: masu sa rigar fa?
Na ce: Cima da ta kawo nata ɗinkin
tun daga ƙofa take zaginsa har ta zauna,
sannan ta ce in ƙawata mata wuyan.

Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi.
Ya ce: ai nan gizo ke saƙa.
Dā mun zaci ido aka rufe wa jama'a,
in an yaye su gani, su warke.
Ashe idon a buɗe yake.
Baki ya ƙi, zuciya ta ƙi,
zane ke yin imani a madadinmu,
mu koma gida muna yabon wayonmu.

Ban san abin da ya kai ni ba,
na ba shi labarin mafarkina na daren Laraba:
mahaifina, shekara sha ɗaya a ƙasa,
ya shigo shagon da wannan fuskar ta zane,
ya buɗe hannuwa in auna shi.
Ina jan ma'auni, ma'auni na tsawo,
ya fita ƙofa, ya wuce tasha,
ya faɗa tabkin Babaye,
kafaɗar ba ta ƙare ba.

Malam bai ce arziki ba ne, bai ce in yi sadaka ba.
Ya juya kofi a tafin hannu, ya ce:
tsohon ya taɓa ce maka madalla?

Keke ya tsaya da kansa.
Tsohon, in na gama riga, juya ta yake ciki waje,
ya bi kalmasa da farce har ya sami zare ɗaya,
ya ɗaga mini shi a hasken ƙofa,
ya ajiye, ya tafi alwala.

Ban gaya wa Malam sauran ba:
da ɗan aiken jam'iyya ya ƙirga mini jikkuna a tebur,
yaron da na girme shi da shekara ashirin,
bakina ya suɓuce, na ce: na gode, baba.
Mai gyaran rediyo ya ji. Ya ƙara murya.

Na zaɓen can baya suna nan, ba su tafi ko'ina ba.
Ɗaya na rufe keke da shi saboda ƙasa,
ɗaya matata ke tace kunu,
ta hancinsa gasara ke ɗiga.
Ɗaya Cima ke goyon jikanta,
ya sha fitsari har alkawuran da ke ƙasan haɓarsa sun koɗe.
Na ce wa Malam: ka ga ƙarshensu.
Ya ce: ƙarshen wa? Ga sabo a hannunka.

Wuta ta ɗauke kafin magariba.
Na mayar da bel, na koma taka keke da ƙafa.
Riga ta sha bakwai ta fito, rabin murmushi a kowace kafaɗa.
Malam ya tafi, shago ba kowa.
Na juya ta ciki waje,
na ɗauke ta zuwa hasken ƙofa.