Ragowar Labarin

A bayan shagon Dachung mai gyaran rediyo,
nan Farin Gada, aka ɗaura farin zane.
Fim ne daga ƙasar Brazil, in ji shi.
Yarensu ya bi ta kanmu ya wuce,
rubutun ƙasa kuma ya fi ƙiftawar ido sauri.
Abin da muka tsinta: wata tsohuwa a bakin kogi
tana magana, an kewaye ta, ba mai ko tari.

Tana ɗaga hannu ke nan, aka ɗauke wuta.
Janareto ya yi atishawa biyu, ya ce ba da shi ba.

Sanyin Jos na cizon kunne.
Har wani ya miƙe yana laluben takalmi,
sai Baba Tanimu daga bencin baya:
"Ni na san abin da za ta ce."
Aka kwashe da dariya.
Shi da ko Lakwaja bai taɓa ƙetarewa ba!

Ya ce, "Cewa za ta yi ƙanenta ya shiga ramin kuza
ran wata Laraba, da ɗumame a cikinsa.
Ƙasa ta rufta.
Hularsa kaɗai aka kawo gida."

Dariyar ta nemi wurin zama ta rasa.

Nanret mai dankali ta gyara mayafi.
"A'a, Baba. Mijinta take jira.
Ya ce ta ɗora ruwan zafi, yanzu zai dawo,
shekarar da gari ya tsage biyu."
Ba ta ce wace shekara ba.
Ba mu tambaya ba.

Shekara tara ina taya dankalinta,
ina ƙorafin ƙanana ne,
ban taɓa sanin akwai tukunya a kan wuta ba.

Daga nan kowa ya ɗora wa tsohuwar kayansa.
Wani direba ya ba ta 'yar da ba ta kiransa.
Wani yaro, akuyarsa da ta ɓata a Naraguta.
Ni ma na ba ta, amma ƙasa-ƙasa.

Sha ɗaya saura, wuta ta dawo.
Tsohuwar ta sauke hannu, ta bushe da dariya,
haƙora biyu tak a bakinta.
Ashe barkwanci take yi!
Dachung ya dube ta, ya dube mu,
ya rage murya har ƙasa.

Da muka watse, Baba Tanimu ne ya ɗauki buhun Nanret.
Na hango su sun wuce mahaɗar nan
da kowa kan juya,
yana tambayarta sunan mutumin.