Kwaɗon Subin

A Aboabo in an ce ga Malam Mutaru,
hira kan tsaya, a gyara zama.
Mai shayi ya rage muryar rediyo,
yara su ɗauke ƙwallo daga hanya.
Ba ni ake tsoro ba, na sani,
abin da ke sa a aiko kirana.

Shekara talatin da ɗaya ina wankan gawa.
Buta, sabulu, magarya, turare,
farin alawayyo a kafaɗa,
sai tafiya Tafo a bayan makara.
Ba gidan da ban shiga ba a layinmu,
ba kuma wanda ya taɓa murnar ganina.

To amma Allah ya ɗora mini ban dariya
yadda yake ɗora wa wani ciwon gwiwa.
Ina tsakiyar aiki zance zai faɗo,
in cije leɓe, in yi istigfari,
in riƙe shi kamar fitsari har dare,
in juye shi a tsohon littafin ɗana.

Ran da na kai wa Opoku mai ɗab'i a Adum,
ya dubi takardu, ya dubi rawani,
ya ce, wane suna za mu sa a bango?
Ruwa ake kamar da bakin ƙwarya,
kwalbati ta cika, kwaɗi na ta gardama.
Na ce, rubuta Kwaɗon Subin.
Ya ƙyalƙyale har ya dafa injin.
Na daɗe ban ga haƙoran mai rai ba a gabana.

Littafi huɗu ke nan, sidi goma-goma,
a Kejetiya, gefen masu gyaran agogo.
Wasu sun ce kwaɗon ɗan jami'a ne,
wasu sun rantse mace ce a Nima.
Liman ya ce ko ma wane ne, ya rasa aikin yi,
amma na ga na ukun a ƙarƙashin buzunsa da idona.

Ba kunya ba ce.
Dariya koko ce, ana duban mai damawa.
In sun san hannun da zai juya su ran ƙarshe
shi ya rubuta akuyar da ta cinye takardar gado,
da ta maƙale musu a wuya kamar ƙayar kifi.
Sai na bar wa kwaɗo baki,
ni na riƙe hannuna.

Larabar nan, Alhaji Ɗanjimma mai goro.
Na ɗaga matashi in gyara masa kai,
sai ga na huɗu, an lanƙwashe kunnen shafi na hamsin,
da jan yawun goro a gefe.
Ɗansa Sharu ya ce, daren jiya
Baba ya yi dariya har sai da muka ba shi ruwa.
Ya ce in na gano kwaɗon nan
in kai masa huhu guda, fari, na Bechem.
Malam, kai da ka san kowa, ko ka san shi?

Na ce, ni sai mutum ya zo hannuna nake saninsa.
Wannan bai zo ba tukuna.

Na zuba ruwa, na fara da dama.
Akwai saura kaɗan a gefen bakinsa,
ban goge da ƙarfi ba.
Ladan da ban taɓa karɓa ba ke nan
tun da na fara ɗaukar alƙalamina.

Ran da aka zo wanke ni
mu biyu za a wanke da buta ɗaya.
Za a sallaci ɗaya, a yafa masa ƙasa a Tafo,
a koma gida a raba waina.
Ɗayan kuwa, a Kejetiya
za a yi ta cigiyar na biyar,
mai teburin yana kore ƙuda yana cewa,
ku bar shi, kwaɗo ne, yana jiran damina.