Mutumin da ke Bakin Ƙofa

Sau goma sha ɗaya mahaifina ya mutu
kafin ya cika sittin.
Biyu da harsashi, ɗaya a cikin kogi,
sauran a gadon asibiti, an ja masa mayafi
tun ba a kai ga tallan sabulu ba.
Kowane karo sai ya tashi, ya karkaɗe wando,
ya hau bas ya dawo Salford
da ragowar burodin da aka raba wa ma'aikata.

Lurwanu Tsiga. A takarda kuwa:
Direban Tasi. Mai Gadi. Likita na Biyu.
Shekara talatin da ɗaya yana buɗe wa wasu ƙofa
su shige su yi suna.

Akwai wani dare a kicin,
jimla ɗaya tak aka ba shi:
"Yallaɓai, mota ta iso."
Ya faɗa wa tukunya, ya faɗa wa firji,
ya faɗa da fushi, ya faɗa kamar mai neman gafara,
har Inna ta ce, to a shiga motar mana mu huta.
Ranar da aka nuna fim ɗin mun cika falo,
har da maƙwabciyarmu Misis Entwistle da saƙarta.
Aka nuno kafaɗarsa. Jimlar an yanke ta.
Ɗaki ya yi tsit.
Sai ya ce, kun ga yadda kafaɗar nan ta tsaya?
Ba kowa ke iyawa ba.

Yakan ce ba a ganin gishiri a miya.
Ban san ko ya yarda da hakan ba,
don na gan shi a sinima, kowa ya watse,
mai shara na jiran ya ɗaga ƙafa,
shi kuwa ya kafa wa rubutun da ke hawa ido
har sunansa ya gifta, da harafi ɗaya a karkace.
Ya gyaɗa kai kamar an gaishe shi.

Yanzu gwiwa ta ƙi, waya ta daina ƙara.
Jiya ruwa ya tsare mu a gida,
wata tasha na maimaita tsohon shiri,
jikarsa ta nuna allo, ga Kaka!
Yana kwance a kwalta, ɗan sanda a kansa.
Ya jawo kujera, ya ce, duba da kyau,
ko ƙirjina bai motsa ba.
Ta matsa tana dubawa.
Ni na tashi na ɗora shayi,
na daɗe a gaban butar.