Kyarkecin Do-hyeok

Ƙarfe uku na dare a Busan,
taliya ta huce a kofin takarda.
Do-hyeok ya zare zoben ƙashi daga yatsan jaruminsa,
ya musanya shi da takobi mai walƙiya.

Ya danna kira. Kyarkecin toka ya fito,
haƙarƙari a waje,
cizonsa na jinjiri.
Dodon kogo ya make shi sau ɗaya, ya watse.

Ashe ƙarfin dabbar a zoben yake kwana.
Takobi na cin maki, amma yaron
ya saba da sawu huɗu a bayansa.

Ya koma kasuwar wasan.
Zobe ya ninka kuɗi.
Ya sayar da takobin, ya haɗa da sulke,
ya shiga kogo daga shi sai riga,
kyarkeci na gaba.