Kashi Ɗaya Cikin Uku

Motar Baba ta koyi tunani kafin ta tashi.
In na ja sanda, sai ta yi shiru,
ta ƙirga ɗaya, biyu, uku,
sannan ta zabura kamar wadda aka taɓa cikin barci.
A hawan Birni, tsakanin duwatsu,
ta yi mini haka har ɗan kabu-kabu ya yi mini tsaki.

Na kai ta wajen Mutari, bayan Kasuwar Dole,
inda ƙasa ta sha baƙin mai har ta daina karɓar ruwa.
Ya zaro sandar awo, ya goga a farin tsumma,
ya kai hanci.
"Cima, yaushe rabon buwat ɗin nan da sabon mai?"
Na ce ban sani ba.
Wanda ya sani, bana shekara huɗu da muka raka shi.

Ilu, yaron garaji, ya ce a zubar duka,
a wanke ciki tas, a ɗura sabo.
Mutari bai ko ɗago kai ba.
"Tsohuwa ce.
Dauɗar nan da kake rainawa
ita ke riƙe da fayafayanta.
Ka kwashe ta rana ɗaya,
gobe inji na kuka, taya na tsaye."

Ya sauka rami da kile a haƙori.
Na tsuguna, na tattare zane, ina leƙe.
Ƙusa ta saki.
Abin da ya zubo cikin yankakken bido
ba ja ba ne,
ruwan bagaruwa ne na majema,
mai ƙaurin tuwon da aka manta a wuta.

Da ya kwance farantin ƙasa
sai ya miƙo mini wani ɗan maganaɗisu
ya yi gashi da garin ƙarfe, laushi kamar kwalli.
Na murza a yatsa.
Nan Tanut take, da buhunan gero a baya.
Nan Magarya, ranar kasuwa.
Nan daren da Inna ke naƙudar Auta,
Baba na tuƙi da ƙafa ba takalmi.
Mutari ya ce, "Gari ne kawai.
Da na ji tsakuwa, da na ce ki nemi mai saye."

Ya auna abin da ya fito: lita uku da ɗan ɗigo.
Lita uku da ɗan ɗigo ya mayar.
Sabon ya bi mazurari ja wur,
kamar zoɓorodon da ba a sa wa ruwa ba,
ya gangara duhu, wajen tsohon da ya rage.

Ya tada inji, ƙafa kan birki,
yana bin haruffan sanda ɗaya bayan ɗaya,
yana ɗan tsayawa a kowane
kamar mai gaida dangi gida gida.

"Jikka goma sha huɗu.
Ki yi wata biyu kina yawo, ki dawo mu rage wani kashi.
Bari su saba da juna tukuna."

A hanyar gida ta ƙirga ɗaya kawai.

Da magariba na nemo makullin ɗakin Baba,
wanda Yaya Zabeiru ya ce tun bara
a kwashe, a shafe da farar ƙasa, a sa ɗan haya.
Na buɗe taga.
Na ɗauko riguna uku da rediyon da ba ya magana.
Tabarau na bar shi bisa littafin bashi,
buta a inda ya ajiye ta.

Famfo bai kawo ruwa ba yau ma.
Baƙin nan na ƙarƙashin farcena
zai kwana.